Igwar da Ta Harba Furanni

Kabite, 12 ga Mayu, 1800

Manang Rufina, Yayata,

Gaisuwa mai yawa daga ƙaninki Fermin. Ina fata wannan takarda ta same ki lafiya, ke da Inna da yara. Yaya ƙafar Inna? Ki ce mata ban manta da man shafawar ba. Mu nan lafiya lau. Matata Ines tana gaishe ki. Cikinta ya shiga wata shida, ba abin da take so sai ɗanyen mangwaro da gishiri, ta hana ni sakat.

Na san kafin jirgin dattijo Lakay Sabas ya iso Bigan da wannan takarda labari ya riga shi zuwa, don masunta ba sa riƙe magana. To gaskiya ne. Jirginmu, Santa Librada, ya haɗu da jirgin yaƙin Turawan Ingilishi ranar bikin Uwarmu Maryamu, an yi harbi, mun rasa mutum goma sha ɗaya. Mijinki ba ya cikinsu. Ki kwantar da hankalinki, Balbino yana da rai. Ya ji rauni a hannun dama, likita ya cire masa yatsu biyu, sauran sun tsira. Yanzu yana cikin kagara, an ba shi ɗaki shi kaɗai, kuma akwai masu lura da shi kullum.

Garin nan kuwa sai ki ce mun ci Landan da yaƙi. Kwana uku ana kaɗa ƙararrawar coci. Kyaftin ɗinmu, Don Leandro, yana yawo da farin ƙyalle ɗaure a goshi, manyan mata suna share hawaye in ya wuce. Ni da nake magatakardan jirgin na ga abin da ya ji masa ciwon nan, kuma ba Ingilishi ba ne, bakin tebur ne. Tun ranar abinci bai yi min daɗi ba, naman alade kuwa ko ƙanshinsa ba na son ji.

Zan tsaya nan, Lakay Sabas yana tsaye a kaina yana cewa iska ba ta jiran alƙalami. Ki gaida kowa.

Ƙaninki,
Fermin

*

Bigan, 30 ga Mayu

Ading, ƙanina,

Mun ga takardarka, mun gode Allah. Muna lafiya. Ƙafar Inna da sauƙi, ta ce in gaya maka man nan ka riƙe abinka, kafin ya iso ta riga ta koyi tafiya da ƙafa ɗaya. Ka gaida Ines, ka ce ta rage gishiri.

Ba ka san halin da ka fitar da ni ba. Kwana tara na yi ban taɓa masaƙa ba, don wani mai kifi ya rantse wai duk masu igwa sun mutu, kuma ka san Balbino ne shugabansu. Da na karanta cewa yana da rai sai na zauna daɓas a kan kwandon auduga. Yatsu biyu ba komai ba ne. Dama ba ya saƙa, ba ya rubutu, cin shinkafa kuwa da yatsu uku ma zai fi kowa sauri.

Ran Lahadi Fada ya karanta sanarwa a coci, wai jirginku ya yi awa uku yana fafatawa har maƙiya suka juya. Mutane suka yi ta waiwayena. Na sa an yi Mas na godiya, na yanka akuya, unguwa duka ta ci. Matar Dagaci da ba ta amsa gaisuwata ta tako har ƙofata, wai ta ji an ba mijina ɗaki shi kaɗai a kagara kamar wani hafsa. Na ce mata haka ne, ai ba kowa ake yi wa haka ba.

Na ba Lakay Sabas tulun giyar rake, da busasshen kifi, da bargon da na saƙa masa da kaina. Ka kai masa hannu da hannu, kada ka ɗanɗana giyar, na san ka.

Abu ɗaya ne ya tsaya min a rai. Balbino bai taɓa barin jirgin Lakay Sabas ya tashi ba tare da ya sa ka rubuta min ko da zagi ba. Wannan karon ko gaisuwa babu. In hannunsa ne ya ji ciwo, bakinsa fa? Kai ma kuma rubutunka ya yi sanyi, kamar wanda aka aika ya faɗi rabin saƙo. Ni na goya ka tun kana tsumma bayan rasuwar Kawu, mahaifinka, na san lokacin da kake ɓoye hannu a baya.

Yayarka,
Rufina

*

Kabite, 21 ga Yuni

Manang,

Ina gaishe ki, ina gaida Inna da yara. Ines lafiya, ƙafafunta ne kawai suka kumbura. Saƙonki ya iso. Bargon ya shiga hannun Balbino, giya da kifin kuwa masu gadi sun cinye a gabana.

Kin gane ni. Ban yi miki ƙarya ba, amma ban faɗi gaskiya ba, kuma da na karanta maganar akuyar nan sai na ji kunya ta rufe ni. Ɗakin da aka ba Balbino kurkuku ne. Masu lura da shi sojoji ne, kuma akwai sarƙa a ƙafarsa. Ki zauna ki karanta sauran, kada ki karanta a gaban Inna.

Kin san al'adarmu ta kowace shekara. Ranar biki jirgi yakan ɗauki siffar Uwarmu ya zagaya da ita bakin teku, a gaishe ta da igwa. Igwar gaisuwa ba a sa mata dunƙulen ƙarfe, albarushi ne kawai da tsumma, sannan mata su cusa furanni a bakinta don in an harba su watsu a kan ruwa. Bana Don Leandro ya gayyato manyan gari da matansu. Da safe ya zagaya ya ga akwatunan harsashi a jere kusa da igwogi, sai ya ce tsatsa za ta ɓata rigunan baƙi, kuma yana son filin da za a jera tebura a yi rawa. Ya ba da umarni a kwashe su duka a kai can ƙasan jirgi, a ɗora buhunan shinkafa a kai.

Balbino ya cire hularsa ya ce, "Ranka ya daɗe, masunta sun ga baƙon jirgi shekaranjiya. A bar min ko akwati biyu."

Don Leandro ya ce, "Yau ranar Uwarmu ce, wa zai taɓa mu? Ka yi abin da na ce."

Mu uku ne a wurin, shi da Balbino da ni, ina riƙe da littafin jirgi.

Wajen tsakar rana, ana cikin yanka gasasshen alade, sai ga jirgi ya ɓullo ta bayan tsibiri da tutarmu ta Sifen a samansa. Kowa ya ɗauka biki ya zo taya mu. Mata suna ɗaga masa mayafi, masu kiɗa suka ƙara ƙarfi. Sai da ya matso har muna ganin fuskokin mutanensa, sannan ya sauke tutar ya ɗaga tasu. Don Leandro ya tsaya da cinyar alade a hannu yana ihu a harba. Balbino ya harba abin da yake da shi. Igwa goma sha biyu suka tashi lokaci ɗaya, Manang, kuma abin da ya fito hayaƙi ne da fararen furanni. Sun sauka a kan jirgin Ingilishi kamar ana ɗaurin aure. Na ji dariyarsu da kunnena, har wani ya ɗauki fure ya soke a hularsa.

Sannan suka amsa. Sau biyu suka harba. Baƙi an riga an tura su ƙasa, babu wanda ya ji ko ƙwarzane. Waɗanda suka mutu mutanenmu ne, 'yan ƙasa, suna gudu da dunƙulen ƙarfe a ƙirji daga ƙasan jirgi zuwa sama. Balbino ya samu ya cusa ɗaya a igwarsa, yana cikin turawa itace ya fashe ya ɗauke masa yatsu. Kafin ya miƙe an sauke tutarmu. Awa ukun da Fada ya karanta muku, wallahi ko tukunyar shinkafa ba za ta nuna ba a lokacin da aka yi.

Abin da ya biyo baya shi ya hana ni cin abinci. Kyaftin ɗin Ingilishi ya hau jirginmu, Don Leandro ya miƙa masa takobi, shi kuma ya rusuna ya mayar masa, wai ya yi jarumtaka. Aka watsa yashi a kan jini, aka tayar da teburan da suka faɗi, aka fito da mata daga ƙasa yana sumbatar hannuwansu. Suka zauna suka cinye aladen nan tare, suna ɗaga kofi ga sarakunansu. Gawarwakin kuwa an tara su a gefe, taku biyar daga tebur, an rufe da filafilin jirgi. Na ga shuɗin zaren da kuke sawa a bakin saƙa, na san daga masaƙar garinmu ya fito. Ƙafar wani ta leƙo waje, wani hafsa ya tura ta ciki da takalminsa don kada mata su gani. Da suka ƙoshi, Ingilishi suka jefa igwoginmu a ruwa, suka kwashe ruwan sha da shanu biyu, suka ce jirgin ya tsufa ba sa so. Haka muka dawo.

A hanya Don Leandro ya kira ni ɗakinsa ya ce in rubuta rahoto. Ya faɗa, na rubuta. Rahoton ya ce shugaban masu igwa ya sha giyar biki ya manta bai sa harsashi ba, amma duk da haka kyaftin ya kare jirgin Sarki. Da hannuna na rubuta, Manang. Shafin safiyar nan na littafin jirgi kuma ya yage shi a gabana.

Za a kai Balbino kotun soja. Shi ya faɗi gaskiya, amma maganar ɗan ƙasa ce a kan ta Don. Ni kaɗai na ji umarnin. In na tsaya na faɗa, na ƙaryata rubutuna ke nan, ƙila in bi shi cikin sarƙa, ga Ines a wannan hali. In na yi shiru kuma ban san da wane ido zan dube ki ba. Ke ce babba. Ki faɗa min abin da zan yi, duk abin da kika ce shi zan yi.

Ƙaninki,
Fermin

*

Bigan, 14 ga Yuli

Fermin,

Muna lafiya, in ana kiran wannan lafiya. Ruwa bai tsaya ba kwana goma, Lakay Sabas da ƙyar ya shigo. Ka gaida Ines.

Na karanta takardarka a bayan rumbu, na yi amai. Ba don jinin ba, ni matar soja ce. Teburin nan ne ya tayar min da zuciya, da mutanen da suka iya haɗiye nama gawa tana gefensu. Shekara goma sha huɗu Balbino yana goge wa Sarki igwa, kunnensa na hagu ya mutu a kan aikin nan. Mutumin da ko ranar aurenmu sai da ya je ya duba albarushi bai jiƙe ba, shi ne za a ce ya bugu ya manta? Ni kuma ina nan ina yanka akuya, ina yi wa matar Dagaci taƙama da ɗakin kurkuku. Ka bar ni na zama abin dariya ban sani ba.

Kana tambayata abin da za ka yi. Wannan har tambaya ce? Ka tsaya a gabansu ka faɗi abin da kunnenka ya ji. Rubutun farko na gane, tsoro ne, kana tsakiyar teku a ɗakin mai takobi. Na yafe wannan. Amma yanzu kana kan ƙasa. In sun kore ka daga aiki, ka kwaso Ines ku taho, gonar Kawu tana nan, masaƙata za ta ciyar da gida biyu. In sun ɗaure ka, ni zan raini abin da ta haifa kamar yadda na raine ka. Balbino ne ya kai ka Kabite, shi ya roƙa maka aikin nan lokacin da ba ka da ko takalmi. Ba gori nake maka ba, tuna maka nake yi.

Ka faɗa masa ina zuwa da zarar iska ta juya. Ka faɗa masa ban gaskata ko kalma ɗaya ba.

Rufina

*

Kabite, 9 ga Agusta

Manang,

Ina gaishe ki da Inna. Ines ta sauka lafiya ran Talata, mace ce. Muna so mu sa mata sunanki.

Takardarki ta iso jiya, amma ta makara. An yi shari'ar tun ranar biyu ga Yuli. Na jira amsarki har safiyar ranar, ban ga jirgi ba, ban kuma so in yanke babbar magana irin wannan ni kaɗai ba.

Shari'ar ba ta kai awa ɗaya ba. Hafsoshi biyar ne, uku daga cikinsu sun ci aladen nan. Ɗaya yana gyangyaɗi, ɗaya yana korar ƙuda da takardar ƙarar. Balbino ya faɗi nasa a tsaye, bai ƙara ba bai rage ba. Suka tambaye shi ko yana da shaida. Ya juyo ya dube ni. Shugaban kotu ya ɗaga rahoton ya tambaye ni ko rubutuna ne, na ce nawa ne. Ya ce ko akwai abin da zan ƙara. Manang, ga Don Leandro a zaune yana wasa da safar hannunsa. Na ce babu.

Sun so su harbe shi, sai Fadan kagara ya roƙa albarkacin Uwarmu. An ba shi shekara goma na aikin dutse a kagarar kudu, can Sambowanga. Jirginsu zai tashi ƙarshen Satumba. Don Leandro kuwa 'yan kasuwar gari sun ba shi sabon takobi mai kan zinariya, an kuma ba shi jirgin da ya fi namu girma. Ni aka sa na rubuta takardar yabon. Ƙasar nan ta ruɓe tun daga sama, duk wanda ya zauna a cikinta sai ya yi wari.

Na je kagara sau biyu, Balbino ya ƙi fitowa. Da takardarki ta zo da wuri, da Allah ne kaɗai ya san yadda abin zai kasance. Laifin damina ne da nisan hanya. Ki yi haƙuri, ki sa ni a addu'a.

Ƙaninki,
Fermin

*

Bigan, 3 ga Satumba

Fermin,

Na gode Allah da Ines ta sauka lafiya. Ita da jaririyar ba su yi min komai ba, ina yi musu addu'a.

Da na gama karanta takardarka na kusa yarda da kai. Har na fara zagin ruwan sama. Sai na tafi bakin ruwa wurin Lakay Sabas in tambaye shi ranar da zai koma, ina kuka ina cewa da iska ta yi kyau da mijina bai tafi ba. Tsohon ya dube ni ya ce, "Wace iska, 'yata? Ko da na yi fiffike ba zan kai amsarki kan lokaci ba. Ranar da na karɓi takardar neman shawarar nan a hannun Fermin, sanarwar shari'a tana manne a ƙofar kagara, biyu ga wata. Mai gadi ya karanta min, ya ce ƙaninki ne ma ya rubuta, hannunsa ya fi na kowa kyau."

Daga ashirin da ɗaya ga Yuni zuwa biyu ga Yuli kwana goma sha ɗaya ne. Kai da ni mun san jirgin nan bai taɓa zuwa ya dawo cikin ƙasa da wata guda ba, ko da rani. Ka san ranar, ka ɓoye min ita, sannan ka ce in faɗa maka abin da za ka yi. Ba shawarata kake nema ba. So kake in riƙe maka rabin kayan, don in an tambaye ka ka ce Manang ce ba ta amsa ba.

Ka cika min takarda da ƙyamar Don Leandro da teburinsa, ni ma na taya ka. Amma Don Leandro bai taɓa cin abinci a kwano ɗaya da Balbino ba. Bai san sunan 'ya'yansa ba. Da ka rubuto ka ce, Manang, tsoro nake ji, ba zan iya ba, da na yi kuka na zage ka, da kuma wata rana na yafe. Wannan kuwa ban san inda zan ajiye shi ba.

Na bar wa ƙanwar Balbino masaƙa da yara. Jibi zan shiga jirgin Lakay Sabas, iska ta juya ko ba ta juya ba, in ga mijina kafin a tafi da shi, in sun bari in bi shi kudu. Kada ka zo taryena a bakin ruwa, na san hanyar kagara. Yarinyar kuma ku nemo mata wani suna.

Inna ba ta san komai ba. Kullum da yamma tana jan ƙafarta zuwa coci ta kunna kyandir biyu, ɗaya don surukinta, ɗaya don ɗanta na Kabite da yake tsaye a kansa. Na buɗe baki sau uku in gaya mata, na kasa. Ba zan ɗaukar maka wannan ba. Ka zo ka gaya mata da bakinka.

Rufina, matar Balbino